TARIHIN DA KE CIKIN TAFIN HANNU: DARASIN TALIYA A BIRNIN LANZHOU

Gabatarwa

Hausawa sun ce tafiya mabuɗin ilmi, kuma gani ya kori ji. Maƙasudin wannan maƙala shi ne in bai wa 'yan'uwana ɗalibai da malamaina labarin wani darasi na yini guda da na ɗauka a ƙasar Sin, tare da ɗan tarihin da wannan darasi ya sa na bi diddiginsa. Darasin kuwa na yin taliya ne da hannu. Na san wani zai yi murmushi ya ce, me ya haɗa ɗalibin tarihi da kwaɓin fulawa? To, ni ma haka na ɗauka kafin in sa hannu a cikin garin, domin mu a wurinmu tarihi shi ne labarin sarakuna da yaƙe-yaƙe da kafuwar dauloli. Ina roƙon mai karatu ya yi haƙuri ya biyo ni, in mun kai ƙarshe sai ya yanke nasa hukuncin.

Garin da Abincinsa

A watan Oktoba na 2019 wani taron ƙara wa juna ilmi ya kai ni Lanzhou, babban birnin lardin Gansu a arewa maso yammacin ƙasar Sin. Gari ne dogo siriri, duwatsu sun matse shi kudu da arewa, Rawayen Kogi kuma ya ratsa ta tsakiyarsa. A kan kogin akwai wata tsohuwar gadar ƙarfe da aka gama ginawa a 1909, wadda har yanzu ake takawa da ƙafa. Tun zamanin da, garin zango ne na fatake masu bin Hanyar Siliki, waɗanda ke fita daga tsakiyar Sin su nufi ƙasashen Turkawa da Farisa.

Abin da ya fara ba ni mamaki shi ne karin kumallon mutanen garin. Yadda Bakano ke neman koko da ƙosai da sassafe, haka mutumin Lanzhou ke neman kwanon taliya da romon naman sa. Tun duku-duku za ka ga layi a bakin shaguna, manya da yara, ma'aikata da leburori, kowa ya karɓi kwanonsa ya zauna, wani ma a tsugune a bakin titi. Yawancin shagunan na Musulmi ne 'yan ƙabilar Hui, kuma a ƙofar kowanne akwai rubutun qingzhen, watau halal. Saboda haka ni da na zo da fargabar abin da zan ci, sai na sami kaina a cikin yalwa.

Ran da aka ba mu hutu, ɗalibar da ke yi mana tafinta ta ce akwai wurin da ake koya wa baƙi jan taliya. Abokan tafiyata suka zaɓi zuwa kasuwa, ni kuwa na ce a kai ni can.

Yadda Darasin ya Kasance

Mu shida ne masu koyo. Malaminmu dattijo ne mai farar hula da ɗan gemu, damatsansa kamar na maƙeri. Tafinta ta ce mu riƙa kiransa Shifu, kalmar da ake girmama gwanin sana'a da ita. Na yi masa sallama, ya amsa da fara'a, ya riƙe hannuna ya jujjuya shi, sa'an nan ya faɗi wata magana da ta sa yaransa dariya. Tafinta ta ce, "Wai ya ce wannan hannun bai taɓa ɗaukar abin da ya fi alƙalami nauyi ba."

Kayan aikin ba su da yawa: garin alkama, ruwa, gishiri, da wani ruwa a kwalba da suke kira penghui. Da na tambaya, sai aka ce asalinsa tokar wata ciyawa ce da ke fitowa a busassun wuraren Gansu, a ƙona ta a tace ruwan, ko da yake yanzu a masana'anta ake haɗa irinsa. Nan take na tuna ruwan toka da kanwa na iyayenmu mata. Aikinsa shi ne ya sa kwaɓin ya saki jiki ya miƙe ba tare da ya tsinke ba, ya kuma ba taliyar ɗan launin rawaya.

Muka kwaɓa, muka shiga murza. Shifu ya ce ƙa'idar magabatansa ita ce ruwa sau uku, toka sau uku, murza sau 81. Kafin in kai rabi gumi ya jiƙa mini riga. Bayan kwaɓin ya huta, ya yanko curi guda ya mulmula shi kamar taɓarya ƙarama, ya barbaɗa gari, ya kama bakin nan biyu ya buɗe hannuwansa. Ya naɗe, ya sake ja. Ɗaya ta zama 2, 2 ta zama 4, 4 ta zama 8, har a ja na bakwai silin taliya 128 na reto a tsakanin yatsunsa, kowane da kaurin ɗan'uwansa. Duk wannan bai kai minti guda ba. Ya jefa su a tafasasshen ruwa, kafin ka ce kwabo an kwashe.

Da aka zo kaina, ja na farko ya yi kyau, na biyu ma haka. A na uku sai tsakiya ta tsinke, gefe ɗaya ya yi kauri kamar igiyar guga, ɗaya gefen ya zube a tebur. Na sake, ta sake tsinkewa. Sau tara ina yi. Na ce wa tafinta, "Don Allah ki roƙar mini Shifu ya gaya mini ma'aunin: ruwa nawa, toka nawa, minti nawa?" Na fito da littafina zan rubuta. Dattijon ya girgiza kai ya ce ma'aunin rani daban, na hunturu daban, garin bana ma ba ɗaya yake da na bara ba, hannu ne ke gaya wa mutum. Sa'an nan ya tsaya a bayana, ya ɗora hannuwansa a kan nawa, muka ja tare. A nan na ji abin da ya kasa faɗa da baki: akwai lokacin da kwaɓin ke ba ka hanya, akwai lokacin da yake ƙi, kuma wanda ya yi masa gaggawa ko ya yi masa nawa duk tsinkewa za ta same shi. A ja na goma sha ɗaya na sami sili 16, karkatattu, amma ba su tsinke ba. Su aka dafa mini.

Shifu ya nuna mana cewa kwanon da ya amsa sunansa dole ya cika abu biyar: romo garai-garai, farar saiwar luobo mai kama da karas, jan man barkono, koren ganyen tafarnuwa da wani ganye mai ƙamshi, da taliya mai ɗan rawaya. Mai saye kuma shi ke zaɓen kaurin da yake so, tun daga mai sirantakar gashi har zuwa mai faɗin ɗamara.

Da na tambaye shi wa ya koya masa, sai ya ce kawunsa, shi ma daga wani maigidansa. Na ce to su kuma fa? Ya ɗaga kafaɗa ya yi dariya. Wannan tambaya ce na dawo da ita gida.

Taliyar Gero ta Lajia

Mafi tsufan taliyar da aka taɓa gani da ido an same ta ne ba nisa da Lanzhou, a wani kufai da ake kira Lajia, a bakin Rawayen Kogi cikin lardin Qinghai. Girgizar ƙasa da ambaliya ne suka binne wannan ƙauye kimanin shekara 4,000 da suka wuce. A 2002 masu haƙar kayan tarihi suka tono wani kwanon ƙasa a kife, ƙarƙashin laka mai zurfin kusan mita 3. Da suka ɗaga shi sai ga silin taliya rawaya a kan dunƙulen ƙasar da ke ciki. Kifewar kwanon ce ta toshe iska ta adana ta. A 2005 Lu Houyuan da abokan aikinsa suka buga sakamakon bincikensu a mujallar Nature, inda suka ce da gero aka yi ta.

A lura, geron Sin ba irin namu ba ne. Namu a yankin Sahel na Afirka ta Yamma aka fara nomansa, nasu kuwa ƙananan ƙwayoyi gare shi, ya fi kusa da acca a ido. Amma abu ɗaya ya haɗa su: dukansu ba su da danƙon nan da ke cikin alkama, wanda ke sa kwaɓi ya miƙe. Duk macen da ta taɓa kwaɓa garin gero ta san ba ya jawuwa. Saboda haka a 2011 wasu masana suka yi musun cewa gero zalla zai iya zama taliya. Su Lu suka mayar da martani a 2014 da gwaji, suka nuna cewa in an turara kwaɓin geron aka matsa shi ta cikin rami, yana fitowa sili-sili. Abin da za mu riƙe a nan shi ne, ko yaya aka yi taliyar Lajia, ba irin jan da Shifu ya nuna mini ba ne. Wannan sai da alkama.

Zuwan Alkama da Dutsen Niƙa

Alkama baƙuwa ce a ƙasar Sin. A Gabas ta Tsakiya aka fara nomanta kimanin shekara 10,000 da suka wuce, ta yi ta tafiya daga hannu zuwa hannu har ta isa Sin fiye da shekara 4,000 baya. Amma ta daɗe ba ta da daraja, domin dafa ta ake yi da ƙwayarta kamar yadda ake dafa gero, ga tauri ga wuyar tauna. Abin da ya ɗaga ta shi ne dutsen niƙa mai juyawa, wanda ya bazu a zamanin daular Han, daga shekara ta 206 kafin haihuwar Annabi Isa zuwa ta 220 bayanta. Da gari ya samu cikin sauƙi, sai aka shiga sarrafa shi iri-iri, kuma duk abin da aka yi da kwaɓin alkama a lokacin bing ake ce masa, ko gasasshe ne, ko turararre, ko wanda aka dafa a romo.

Daga nan rubutu ya fara kama zancen. Wajen shekara ta 300 wani malami mai suna Shu Xi ya yi rubutu na musamman kan ire-iren bing da lokacin da ya dace a ci kowanne, ya ware na cikin romo ya ce shi ne na tsananin sanyi. Wajen 544 kuma Jia Sixie ya kammala littafinsa Qimin Yaoshu, kundin noma da girki da kiwo don amfanin talakawa. A ciki ya bayyana yadda ake mulmula kwaɓi ya yi kaurin tsinken cin abinci, a yayyanka, a jiƙa a ruwa, sa'an nan a latse shi da yatsu a bakin tukunya. Bayanin jan taliya da hannu kuwa, irin wanda na gani, ya fito a littafin Song Xu na 1504, zamanin daular Ming. Mai karatu ya duba tazarar: tsakanin kwanon Lajia da littafin Song Xu akwai kusan shekara 3,500. Ashe abin da Shifu ya yi cikin minti guda, dubban shekaru aka yi ana tara shi.

Hannun Musulmin Hui

Su Hui jikokin fatake ne da sojoji da masu sana'a, Larabawa da Farisawa da mutanen tsakiyar Asiya, waɗanda suka shigo Sin tun zamanin daular Tang (618 zuwa 907), suka ƙaru ƙwarai a zamanin mulkin Mongol na daular Yuan (1271 zuwa 1368). Suka auri 'yan ƙasa, suka ɗauki harshen Sinanci, suka riƙe addininsu. Da yake ba sa cin naman alade, wanda shi ne naman yawancin Sinawa, sai suka shahara da fawa da girkin naman sa da na tumaki. Sun sha wuya a tarihi, musamman a yaƙin da aka yi tsakaninsu da daular Qing a Shaanxi da Gansu daga 1862 zuwa 1873, inda rayuka masu ɗimbin yawa suka salwanta, garuruwa suka watse. Ga mutanen da suka rasa gona da gida, sana'ar abinci mafaka ce, domin jarinta kaɗan ne, kuma gwaninta ba a ƙwace ta a hanya.

Taliyar Lanzhou kamar yadda take a yau ana danganta ta da wani Bahui mai suna Ma Baozi, wanda a 1915 ya fara yawo da ita a kan sanda a kafaɗa yana sayarwa a titunan garin, daga baya ya buɗe shago. Shi ake yaba wa da tace romon har ya zama garai-garai. Wani abin lura kuma shi ne, da yawa daga shagunan da ke ɗauke da sunan Lanzhou a sauran biranen Sin mutanen Hualong ne na lardin Qinghai ke riƙe da su, talakawan ƙauye da suka fita ci-rani da wannan sana'a. A 2021 gwamnatin Sin ta sa fasahar yin taliyar Lanzhou a jerin al'adun gargajiya na ƙasa da ake kiyayewa.

Tatsuniyar Marko Polo

Tun muna makarantar sakandare muke jin cewa Marko Polo ne ya kai taliya Italiya daga Sin. Wannan magana ba ta da tushe. Marko Polo ya koma Banis a 1295, alhali a 1279 an riga an rubuta kwandon makaroni a cikin kayan gadon wani mutum a Jenowa. Kafin wannan ma, a 1154, shekara 100 cif kafin a haifi Marko Polo, masanin ƙasa Al-Idrisi ya rubuta a littafin da ya yi wa Sarki Roja na Biyu cewa a garin Tarabiya na tsibirin Sisili ana yin wani abinci sili-sili mai suna itriya, ana loda shi a jiragen ruwa zuwa ƙasashen Musulmi da na Kirista. Labarin Marko Polo ya bazu ne bayan wata mujallar masu masana'antar makaroni a Amurka ta buga shi a 1929.

Hasali ma hanyoyin biyu daban suke. Ta Bahar Rum busasshiya ce, da alkama mai tauri ake yin ta don ta jure ajiya da doguwar tafiya. Ta arewacin Sin ɗanya ce, a ja a dafa a ci nan take. Ita kuwa taliyar leda da yaranmu suka fi sani, jikar ta Sin ce ta wata hanyar: Sinawa suka kai taliyar romo Japan, Momofuku Ando ya ƙirƙiro mai saurin dahuwa a can a 1958, Indunusiya ta fito da Indomie a 1972, aka kuma fara yin ta a Ota ta Jihar Ogun a tsakiyar shekarun 1990.

Abin da Na Tuna a Gida

A jirgin dawowa ina ta duban hannuwana, sai kakata ta faɗo mini a rai, Allah ya jiƙanta. A cikin birnin Kano take, kuma taliyar murji ce sana'arta. Da hantsi za ta zauna a tsakar gida da kwaɓin alkama a kwano da faifai a gabanta, tana gutsura tana murzawa, silin na zuba ɗaya bayan ɗaya, tana hira ba ta ko duban hannunta. In ta bushe a dafa, a zuba mai da yaji, yara su yi layi da kwabbansu. Takan ce mini, "Maigida, zo ka koya mana, ko don ran da zan yi maka yaji." Ni kuwa in ce, "Haba Iya, wannan ai aikin mata ne," in ɗauki littafina in fice. Daga baya ƙaramin injin taliya na hannu ya shigo unguwa, bayansa ta kanti ta zo, ta leda ta biyo.

Ita ma wannan sana'a tana da tarihinta. Kalmar alkama kanta daga Larabci muka aro ta, kuma cin alkama a Kano yana da alaƙa da Larabawan Arewacin Afirka da suka zauna a birnin ta dalilin cinikin Sahara, kamar yadda gurasa da alkaki ke shaidawa. Amma na yi digiri a fannin tarihi, na iya jero sarakunan Kano tun daga Bagauda, ban taɓa tambayar Iya wa ya koya mata murji ba, ko ita wadda ta koya matan daga ina ta samo. Na tafi har Gansu na biya kuɗi wani dattijo ya riƙe hannuna, alhali wadda ta yi mini tayin haka kyauta na ƙi ta. Yau ba ta nan, kuma amsar ta tafi da ita.

Kammalawa

Abin da na fahimta daga wannan tafiya shi ne, tambayar wa ya fara yin taliya ba ta kai mu ko'ina. Alkama daga yamma ta zo wa Sinawa, dutsen niƙa ya ba ta daraja, Musulmin Hui suka haɗa ta da romon naman sa, mutanen Sisili kuma suka bi tasu hanyar. Tambayar da ta fi amfani ita ce wa ya riƙe, kuma ta yaya. Sinawa sun riƙe tasu ta hanya biyu: hannu ya miƙa wa hannu, kamar yadda kawun Shifu ya miƙa masa, alƙalami kuma ya bi bayan hannun tun 544. Littafi kaɗai ba zai koya wa mutum jan taliya ba, wannan na gani da idona sau tara. Amma ba don Jia Sixie da Song Xu sun ga girkin talakawa ya isa a rubuta ba, da babu abin da zan kawo muku a wannan maƙala sai labarin gumina.

Saboda haka ina kira ga 'yan'uwana ɗalibai, musamman masu neman batun kundin kammala karatu. In an yi hutu, kowa ya zauna kusa da kakarsa ko gwaggonsa mai murji, ko mai daddawa, ko mai dakan fura. Ya tambayi wa ya koya mata, a wace unguwa, a zamanin wane sarki, me ya sauya tun daga lokacin. Ya rubuta, ya ɗauki muryarta, sa'an nan ya ajiye alƙalamin ya sa hannu, ko da za a yi masa dariya. Ni an yi mini a Lanzhou, ban kuwa mutu ba. Allah ya sa mu dace, amin.